Guinness ta Ikeja da Guinness ta Dublin: suna ɗaya, ƙarfi daban

Kamfanin Guinness yana sayar da abubuwan sha da dama a ƙarƙashin suna ɗaya da tambari ɗaya, kuma kusan dukkansu baƙaƙe ne ko masu duhu, amma yawan barasar da ke cikinsu ya bambanta ƙwarai, tun daga wanda ba a taɓa barinsa ya zama giya ba har zuwa wanda ya kai kashi 8 cikin ɗari. Huɗu daga cikinsu na duba a wannan sharhi: Guinness Draught da ake tsiyayowa daga famfo a mashayun Ailan da Birtaniya, mai kashi 4.2, Foreign Extra Stout da ake yi a Najeriya, mai kashi 7.5, Guinness 0.0 da aka cire wa barasa, da kuma Malta Guinness, wanda lemo ne. Abin da ya fi jan hankalina shi ne tazarar da ke tsakanin biyun farko, domin mutum zai iya shekara da shekaru yana ganin kwalbar Najeriya bai san cewa ƙarfinta ya kusa ninka na wadda ake sha a garin da aka ƙirƙiro ta ba.

Mafi yawan masu karanta Hausa ba sa shan giya, kuma hukuncinta a Musulunci ba ɓoyayye ba ne, tun da hadisi ya ce abin da mai yawansa ke bugarwa, to kaɗan ɗinsa ma haramun ne. Jihohin da suka ƙaddamar da shari'a daga shekarar 1999 zuwa gaba sun hana sayar da ita, hukumar Hisba a Kano kuma ta sha farfasa kwalabe a bainar jama'a. Sai dai Hausa harshen kasuwa ne a Jos da Kafanchan da Jimeta da unguwannin Sabon Gari, inda ake cinikin wannan kwalba kullum, kuma ma'aikacin asibitin da ake kawo wa wanda ya bugu, da mai motar da ya damƙa wa direba makulli, da mai kantin da ake tambaya ko lemon da yake sayarwa yana da barasa, duk suna da buƙatar sanin abin da lambar da ke jikin kwalba take nufi.

Ma'anar lambar mai sauƙi ce. Idan aka rubuta 7.5, to a cikin kowace mililita 100 ta abin shan akwai mililita 7.5 ta tsantsar barasa. Yadda barasar ke samuwa kuwa, ana jiƙa hatsi ne har ya tsira, a busar da shi, a ɓarza, a dama da ruwan zafi domin sitacin da ke cikinsa ya koma sukari, sannan a tace, a tafasa ruwan tare da furen wata shuka da ake kira hops, wanda shi ne ke kawo ɗaci, a bari ya huce, a zuba yis. Yis ɗin yana cinye sukarin, ya mayar da kusan rabin nauyinsa barasa, sauran kuma ya fita a matsayin iska. Ke nan ƙarfin kowace giya ya rataya ne a kan abu biyu kacal: yawan sukarin da ruwan ya ɗauka tun farko, da kuma iya abin da yis ya samu damar cinyewa daga ciki. Launi ba ya cikin wannan lissafi. Baƙin Guinness yana fitowa ne daga wani ɗan kaso na sha'ir da ake gasawa a zafin da ya kai wajen digiri 230 har ya yi baƙi ƙirin, kamar dai yadda gyaɗa ke ƙara duhu a cikin kasko ba tare da man da ke cikinta ya ƙaru ba. Gasasshen sha'ir ɗin ma kusan ba ya ba yis abincin komai, ƙamshi da launi kawai yake bayarwa.

Guinness Draught ita ce hujjar da ta fi fitowa fili a kan wannan. Mai mashaya a Dublin, babban birnin Ailan, yakan karkata tambulan, ya cika shi kusan kashi uku cikin huɗu, ya ajiye a kan kanta ya juya ga wani mai saye. A wannan ɗan lokaci abin da ke cikin tambulan ɗin launin ƙasa-ƙasa ne, ƙananan ƙwayoyin iska suna gangarowa ƙasa ta gefen gilashi maimakon su hau sama, har a hankali baƙin ya taso daga gindi, farar kumfa mai kauri ta kwanta a kai. Daga nan ne yake dawowa ya ƙarasa cikawa. Kamfanin ya ce aikin yana cin daƙiƙa 119.5, wanda a ganina rabinsa kimiyya ne rabinsa talla. Sirrin kumfar shi ne iskar nitrojin, wadda wani masanin lissafi mai suna Michael Ash ya ɓullo da hanyar amfani da ita, aka fara sayarwa a 1959. Ƙwayoyinta sun fi na iskar lemon kwalba ƙanƙanta nesa ba kusa ba, shi ya sa abin yake da santsi a baki, ba ya tsikarin harshe. Wanda ya ga wannan kumfa da wannan baƙi zai ɗauka abu ne mai nauyi, amma da ya kurɓa zai ji ruwa-ruwa ne, da ɗan ɗaci irin na kofi marar sukari, ya wuce maƙogwaro ba tare da zafi ba. Idan aka ɗaga tambulan ɗin saitin fitila ma, ja ne mai duhu ake gani. A kashi 4.2, ta fi Star da Gulder da Heineken rauni, domin su ukun suna wajen kashi 5 ne ko sama da haka kaɗan, duk da cewa launinsu fari ne tas kamar zuma. Ra'ayina a kanta shi ne an ƙware wajen yinta, tana da kyan gani fiye da kowace giya da na sani, amma ɗanɗanonta bai kai kwarjininta ba.

Ta Najeriya wani abu ce daban, kuma tarihinta ne ke bayyana ƙarfinta. Arthur Guinness ya kama hayar masana'antar St James's Gate a Dublin a 1759, a kan yarjejeniyar shekara 9,000. A 1801 aka fara dafa wani nau'i na musamman domin kaiwa ƙasashe masu nisa, aka ƙara masa hops da ƙarfin barasa, saboda duka biyun suna hana giya lalacewa, ita kuwa ganga za ta yi makonni a cikin jirgin ruwa tana ratsa wurare masu zafi. Bayanan kamfanin sun nuna cewa an kai ta Saliyo a 1827. A gida kuma labarin ya sauya, musamman daga lokacin Yaƙin Duniya na Ɗaya, da gwamnatin Birtaniya ta taƙaita hatsin da masu dafa giya za su yi amfani da shi, ta kuma ɗora haraji mai nauyi da ke bin kaurin ruwan da aka dafa. Masu masana'antu suka riƙa tsinkawa, jama'a suka saba da mai rauni, ba a kuma koma yadda ake da ba. Nau'in da ake fitarwa waje bai bi wannan hanya ba, ya ci gaba da zama kusa da asalinsa. Saboda haka abin da ake sha a Legas da Jos da Akara da Duwala ya fi kama da Guinness ta ƙarni na sha tara fiye da abin da mutanen Dublin ke sha yau.

A 1962 kamfanin ya gina masana'anta a Ikeja, wadda ita ce ta farko da ya kafa a wajen Ailan da Birtaniya, daga baya aka ƙara wasu a Benin da Ogba da Aba. Babban sauyin da ya ba ta ɗanɗanonta na yanzu ya zo ne a 1988, lokacin da gwamnatin Janar Babangida ta hana shigo da tsiron sha'ir daga waje, abin da ya tilasta wa masana'antun giya da na lemon malt komawa ga dawa da masara. A nan ne Arewa ta shigo cikin labarin, domin dawar Najeriya a Arewa ake nomanta, kuma manomin da bai taɓa kusantar mashaya ba yana iya sayar da buhunsa a Dawanau ba tare da ya san inda tirela za ta sauke shi ba. Daga Dublin ana aiko da wani ruwa mai kauri na gasasshen sha'ir da hops, a haɗa da giyar da aka dafa a nan. A 2024 kamfanin Diageo, mai mallakar sunan Guinness, ya sayar da kason da yake da shi a Guinness Nigeria, kashi 58 da ɗoriya, ga rukunin Tolaram, waɗanda aka fi sani a Najeriya da taliyar Indomie, amma sunan da tsarin haɗin suna nan a hannun Diageo.

Idan aka buɗe kwalbar aka tsiyaya, babu wani jira ko gangarowar ƙwayoyin iska, domin babu nitrojin a cikinta. Kumfarta ruwan ƙasa ce, manyan ƙwayoyi gare ta, tana tashi da sauri ta kuma faɗi da sauri, ta bar zobe a jikin gilashi. Ƙamshin da ke fara bugun hanci na ƙonannen sukari ne da busasshen dabino, a baki kuma zaƙi ne ke fara zuwa, sai ɗaci mai ƙarfi ya biyo baya ya daɗe, tare da wani ɗan tsami a ƙarshe da ɗumi a ƙirji. Ta fi ta famfo kauri da zurfin ɗanɗano ta kowace fuska, kuma ba abin mamaki ba ne da ake ɗaukarta daga Legas a kai ta shagunan Landan, inda ake sayar da ita a matsayin ta Najeriya duk da cewa ga ta Ailan nan a kusa. Sanyi yana da tasiri a kanta sosai. Idan ta yi sanyi ƙarara zaƙin da ɗumin barasar suna ɓuya, sai ta wuce kamar lemo. Idan kuma ta huce, kamar yadda ake yawan kawo ta a wuraren da wutar lantarki ba ta zama, sai ta yi nauyi ta gundiri mutum. A cikin huɗun, ita ce nake ganin an fi zuba gwaninta a cikinta, kuma ita ce ta fi haɗari ga wanda bai iya lissafi ba.

Ga lissafin. Babbar kwalbar Najeriya tana cin mililita 600, kashi 7.5 na wannan kuwa mililita 45 ne na tsantsar barasa. Babban tambulan na mashayar Dublin yana cin mililita 568, a kashi 4.2 ya kama ƙasa da mililita 24. Ke nan babbar kwalba ɗaya ta kusa tambulan biyu, ƙaramar kwalba mai mililita 330 ma, wadda ake yi wa kallon ta ɗanɗano ce kawai, tana ɗauke da kusan mililita 25, wato ta ɗara cikakken tambulan na Dublin. Idan aka gwada da farar giya mai kashi 5 a kwalba iri ɗaya, wadda ke da mililita 30, to baƙa biyu daidai take da fara uku. A Birtaniya ana auna wuski mai kashi 40 da ɗan ƙaramin kofi mai mililita 25, wanda ke ɗauke da mililita 10 ta barasa, saboda haka wanda ya shanye babbar kwalba ɗaya ya sha kwatankwacin irin wannan kofi huɗu da rabi, alhali a bakinsa cewa zai yi "ɗaya kawai na sha". Shawarar da likitocin gwamnatin Birtaniya suka fitar a 2016 ita ce kada mutum ya wuce mililita 140 a mako, kuma kwalba uku sun riga sun kai 135. Hukumar Lafiya ta Duniya ta wuce nan ma, domin a farkon 2023 ta bayyana cewa babu wani adadin barasa da za a ce ba ya cutar da lafiya.

Lokaci shi ne ɓangaren da aka fi mantawa da shi. Hantar babban mutum, a matsakaicin ƙiyasi, tana sarrafa wajen mililita 10 ne a awa guda, kuma goro ko shayi mai kauri ko wanka da ruwan sanyi ba sa ƙara mata sauri, sai dai su sa mutum ya ji kamar ya wartsake. Direban da ya zauna da ƙarfe goma na dare ya shanye manyan kwalabe biyu ya zuba wa jikinsa mililita 90, wadda ba za ta gama fita ba sai wajen ƙarfe bakwai na safe, shi kuwa tun asuba ya yi lodi ya bar tasha. Babban abin da nake suka a wannan kaya ke nan: an haɗa ƙarfi mai yawa da kwalba mai girma. A Beljiyam, inda giya mai irin wannan ƙarfi ta zama ruwan dare, yawanci a ƙaramar kwalba mai mililita 330 ake sayar da ita, a zuba a kofi mai faɗin baki, a daɗe ana kurɓa. Lambar 7.5 tana nan rubuce a jikin takardar kwalbar Najeriya, babu wanda ya ɓoye ta, amma kashi cikin ɗari ba ya gaya wa mai saye komai sai ya ninka shi da girman kwalba, kuma ba kowa ne zai yi wannan a mashaya ba. A Birtaniya kamfanoni da yawa suna buga jimillar barasar da ke cikin kwalba gaba ɗaya a bayanta, da za a yi haka a nan da an taimaki mutane.

Idan aka ɗora waɗannan biyu a kan ma'aunin sauran nau'o'in giya na duniya, sai a ƙara ganin yadda ido ke yaudara. A ƙasan ma'aunin akwai wata baƙar giyar Ingila da ake kira mild, wadda yawanci ba ta wuce kashi 3 zuwa 3.5, da kuma bitter, wadda duk da ɗacinta takan tsaya a wajen kashi 4. Pilsner Urquell, wadda aka fara dafawa a garin Pilzen a 1842, ita ce uwar duk fararen giya irin su Star, kuma kashi 4.4 ce. Baƙar giyar Jamus ta Köstritzer tana da 4.8. Daga nan sai a hau zuwa Salvator ta birnin Munik, mai launin ja da kashi 7.9, da wani nau'in Guinness da ake yi musamman domin kasuwar Beljiyam mai kashi 8. Duvel ta Beljiyam kuwa fara ce sol, mai kumfa kamar auduga, wanda ya gan ta a kofi zai rantse 'yar'uwar Heineken ce, amma kashi 8.5 gare ta, ta fi baƙar Najeriya ƙarfi. Westmalle Tripel, da ake dafawa a gidan wasu masu zaman zuhudu na ɗariƙar Katolika, ita ma fara ce kuma ta kai 9.5. Dabarar masu yin irin waɗannan ita ce ƙara farin sukari a cikin ruwan, wanda yis ke cinyewa kakaf, sai barasa ta ƙaru ba tare da launi ko kauri sun ƙaru ba. Sama da kashi 12 yis na yau da kullum yakan fara gazawa, domin barasar da ya samar ita ce ke kashe masa ƙarfi, shi ya sa Jamusawa masu yin nau'in Eisbock suke daskarar da giyar su kwashe ƙanƙarar, abin da ya rage ya ƙara ƙarfi.

Hatta lambobin da ke jikin kwalba ba dukkansu ne ke nufin barasa ba. A Jamhuriyar Cek ana kiran giya da 10 ko 12, amma wannan ma'aunin kaurin ruwan ne kafin a zuba yis; mai 10 tana da barasa wajen kashi 4, mai 12 kuma tsakanin 4.5 da 5. Rochefort 10 ta Beljiyam ta bi ta ɗaya gefen, domin ƙarfinta na gaskiya 11.3 ne. Lambar da ke da alamar kashi cikin ɗari a gefenta ita kaɗai ce abin dogaro.

Burkutu, da mata ke dafawa da jar dawa a Filato da kudancin Kaduna da Binuwai, da pito na arewacin Ghana, ba su da takarda balle lamba. Binciken da aka yi a kan burkutu yakan sa ta tsakanin kashi 3 zuwa 6, sai dai yis ɗinta yana nan da rai a cikin tukunya, saboda haka ƙwaryar da aka ɗiba da safe da wadda aka ɗiba da yamma ba ɗaya ba ne, kuma idan mai sayarwa ta ƙara mata wani abu mai ƙarfi, kamar yadda ake kuka da goskolo a Jos, babu hanyar da mai saye zai sani. Ta wannan fuska kwalbar kamfani tana da fifiko guda, wato abin da aka rubuta shi ne abin da ke ciki, yau da gobe.

Akwai kuma maganar ƙarin jini, wadda ta manne wa wannan suna fiye da kowane. Tun 1929 kamfanin ya riƙa talla a Birtaniya yana cewa Guinness tana da amfani ga jiki, a Afirka kuma an daɗe ana haɗa ta da ƙarfi da mazakuta, har ta kai wasu suna kaɗa ta da madarar gwangwani ko ɗanyen ƙwai su ba marar lafiya ko mai jego. Kamfanin kansa ya daina wannan iƙirari tuntuni. Sinadarin ƙarfen da ke cikin babban tambulan guda bai wuce miligiram 0.3 ba, alhali babban namiji yana buƙatar wajen 8 zuwa 9 a rana, mace mai haila kuma kusan ninki biyu na haka. Hanta da wake da zogale sun fi ta nesa ba kusa ba, kuma ga mai ciki barasar tana ratsawa zuwa ga ɗan tayi, ga mai shayarwa kuma tana shiga nono. Baƙin launin ne ya jawo wannan zato, kamar yadda ya jawo zaton cewa duk baƙar giya mai ƙarfi ce.

Guinness 0.0 giya ce da aka dafa kamar ta famfo, yis ya yi aikinsa, barasa ta samu, sannan aka bi da ita ta wata matata mai sanyi aka cire barasar, aka ƙara ɗan sukari da kayan ƙamshi domin cike gurbin abin da ya tafi. An fito da ita a watan Oktoba na 2020, aka janye ta bayan 'yan makonni saboda kamfanin ya ce ya gano ƙwayoyin cuta a wasu gwangwanaye, sannan ta dawo kasuwa a 2021. Wannan ya nuna irin aikin da barasa ke yi na tsare abin sha daga lalacewa, wato dai dalilin da ya sa aka ƙara wa ta jirgin ruwa ƙarfi shekaru ɗari biyu da suka wuce. A gani da kumfa ba a bambanta ta da ta famfo, a ɗanɗano kuma ta ɗan fi zaƙi, ta kuma fi saurin ɓacewa a baki, amma a cikin ire-irenta tana sahun gaba, wataƙila saboda uwar tata ma dama ba ta dogara da barasa wajen ɗanɗano ba. Abin da ya kamata mai saye ya sani shi ne 0.0 ba ya nufin babu ko ɗigo: kamfanin ya ce ba ta wuce kashi 0.05 ba, ɓurɓushin da ba ya bugarwa, wanda irinsa kan samu a ayaba da ta nuna sosai ko kunun zaƙi da ya kwana. A Amurka da ƙasashen Turai da dama ma doka ta yarda a kira abin sha marar barasa har zuwa kashi 0.5. Batun halacci kuwa bai tsaya ga lamba ba, domin asalin abin giya ne, shi ya sa a Maleshiya a 2019 kamfanin Heineken da kansa ya fito ya bayyana cewa tasa 0.0 ɗin ba halal ba ce, kuma waɗanda ba Musulmi ba aka yi wa ita.

Malta Guinness, da aka fara sayarwa a Najeriya a 1990, shekara goma sha huɗu bayan Maltina, ya rabu da sauran ukun tun a tsakiyar hanya. Ana jiƙa hatsi, a dama, a tace, a tafasa kamar dai za a yi giya, amma ba a zuba yis, saboda haka sukarin yana nan yadda yake, babu abin da ya juya shi. Ba cire masa barasa aka yi ba, ba a bar ta ta samu ba ne tun farko, kuma wannan shi ne bambancinsa da 0.0, bambancin da masu kanti da yawa ba su iya bayyanawa idan aka tambaye su. Wasu suna ƙaurace masa saboda sunan da ke jikinsa da kuma inda kuɗinsu zai je, wannan kuma dalili ne na daban da bai shafi abin da ke cikin gwangwanin ba. A ɗanɗano yana da kauri da ƙamshin gasasshen hatsi, da wani ɗan ɗaci a ƙarshe da ke rage masa gundira, abin da ya sa na fi son shi a kan wasu takwarorinsa, muddin yana da sanyi sosai. Aibinsa shi ne wannan sukarin da yis bai ci ba, ga kuma wanda aka ƙara a kai. Ana jera shi a bikin aure da suna, ana kai wa marar lafiya a asibiti katan guda, ana haɗa shi da madara da sunan ƙarin jini, amma mai ciwon sukari ya kamata ya juya gwangwanin ya karanta adadin sukarin da aka rubuta a kowace mililita 100, ya ninka shi sau uku da ɗan ɗori, domin gwangwanin mililita 330 yake ci.